Sunan da Babu Shi a Ƙamus

'Ya'yana, musamman ku amaren bana da angwayenku, da ku masu jiran haihuwar fari, ku ba ni aron hankalinku in ba ku labarin wani suna. Ba namu ba ne, na Amurkawa ne, kuma ba tallarsa nake muku ba. Na ɗauko shi ne don an san shekarar da ya ɓulla, an san bakin da ya yaɗa shi, har an ƙidaya jariran da aka sa wa shi shekara bayan shekara. Ba kasafai ake samun suna da tarihinsa a fili haka ba.

Sunan Nevaeh ne, masu shi suna furta shi kusa da "Nabeya". Duk wanda ya ji shi karon farko zai zaci daga wani tsohon harshe ya gangaro, Ibrananci ko Farisanci ko makamancinsu. Ko kusa. Kalmar Turanci ce, heaven, wato Aljanna, aka juya haruffanta aka karanto daga ƙarshe zuwa farko. Iyakar asalinsa ke nan. Ku ɗauki biro ku gwada, za ku gani.

A Amurka akwai hukumar gwamnati mai kula da kuɗin tsufa na ma'aikata, wadda kusan kowane jariri sai an yi masa rajista a wurinta. Saboda haka tana da lissafin sunayen da ake sa wa yara, lissafin da ya koma baya har 1880. A 1999, 'yan mata 8 kacal aka sa wa Nevaeh a faɗin ƙasar. A 2000 sai wani mawaƙi Kirista, Sonny Sandoval, na ƙungiyar kiɗan P.O.D. da ke San Diego a jihar Kalifoniya, ya fito a tashar MTV da jaririyarsa, ya faɗi sunanta, ya kuma bayyana yadda aka juya kalmar. Tunda takwas sun riga 'yarsa, ba za a ce shi ya fara ba, amma daga bakinsa ne abin ya bazu. A 2001 sunan ya faɗo cikin jerin sunaye dubu da aka fi sawa, bai ma tsaya a ƙofa ba, sai a lamba ta 266. A 2005 jarirai 4,457 aka raɗa wa shi, ya hau lamba ta 70. A 2010 yana lamba ta 25.

Ku dubi halin da iyayen farko suka shiga. Sun ɗauki sunan ne don babu mai irinsa a dangi ko a unguwa. Kafin 'yarsu ta gama firamare, sunan ya riga ya zama ruwan dare. Sunan yayi kamar sabuwar atamfa ce a kasuwa: ka saya kana ganin kai kaɗai ka gano ta, ranar Sallah ka tarar rabin unguwa kun yi anko ba shiri. Akwai kuma abin da ya fi wannan ban dariya. Iyaye da yawa sun ji sunan a kunne ne kawai, suka rubuta shi Neveah, suka musanya haruffa biyu. In ka karanto wannan daga baya ba Aljanna zai ba ka ba, ba zai ba ka kowace kalma ba. Dalili ɗaya tak da ya sa aka ƙirƙiri sunan, shi ne ya salwanta a wurin rubutu.

Duk da haka ni ba na ganin laifin Nevaeh. Suna ne mai gaskiya. In yarinyar ta girma ta tambayi uwarta daga ina sunanta ya fito, akwai amsa, gajeruwa kuma tabbatacciya. Inda matsala take shi ne sunan da aka ƙirƙira, sannan daga baya aka ɗinka masa ma'anar da ba tasa ba. A nan sai mu koma baya da shekara ɗari uku, wurin wani sunan da Nevaeh ta tsallake a lissafin 2005, wato Vanessa.

Yau Vanessa ya zama gama-gari a ƙasashen Turawa, har a Kudancin Nijeriya za ku same shi. Amma mutum guda ne ya ƙera shi. Jonathan Swift, malamin coci a birnin Dublin na ƙasar Ailan, wanda ya rubuta labarin tafiye-tafiyen Gulliver, yana da wata ɗaliba mai suna Esther Vanhomrigh da suka shaƙu ƙwarai. A 1713 ya yi mata rubutacciyar waƙa, bai so ya ambaci sunanta ƙarara ba, sai ya yanko "Van" daga sunan gidansu, ya haɗa da "Essa", laƙabin masu suna Esther. Ta rasu a 1723, aka buga waƙar a 1726, sunan ya shiga duniya. Bayan shekaru tamanin da ɗoriya, a 1807, wani masanin ƙwari ɗan ƙasar Denmak mai suna Fabricius ya sa wa wani jinsin malam-buɗe-littafi suna Vanessa. To yau ku buɗe shafukan sunayen jarirai a intanet, da yawansu za su gaya muku cewa Vanessa kalmar Girkanci ce mai nufin malam-buɗe-littafi. Babu wannan kalmar da wannan ma'anar a Girkanci. Mace ce ta riga ƙwaron samun sunan, aka juya labarin aka ce ita ta ara a wurinsa. An maimaita har ya zauna.

Wata za ta ce, to Hajiya, ina ruwanmu da Amurka da Ailan? Ruwanku yana cikin wayar da ke hannunku. Yanzu da mace ta ga alamar ciki, kafin uwarta ta sani ta riga ta shiga neman "sunayen mata masu daɗi da ma'anarsu". Shafukan nan kuwa yawancinsu da talla suke ci. Abin da suke so shi ne ki daɗe kina latsawa, don haka da wuya ki buɗe suna su ce miki wannan ba shi da ma'ana, ko ba mu san inda ya fito ba. Kowane suna sai ya zama hasken wata, ko kyautar Allah, ko gimbiya, ko wata fure a Aljanna. Wannan shafi ya kwafa daga wancan, wancan ya kwafa daga na gabansa, ke kuma ki ga wuri biyar sun faɗi abu ɗaya ki ɗauka shaidu biyar kika samu.

Ƙirƙirar suna kuwa ba baƙon abu ba ne a wurinmu, kada wani ya ruɗe ku da cewa bidi'ar 'yan zamani ce. Kakanninmu gwanaye ne a kai. Wadda aka haifa ana shagalin Sallah ta zama Tasalla, ta watan Ramalana Azumi, ta tsakiyar damina Marka. Macen da ta biyo bayan maza ita ce Kande ko Delu, mai bin tagwaye Gambo. Wadda aka daɗe ana roƙon Allah kafin a same ta, Kyauta. Uwar da 'ya'yanta ba sa tsayawa takan kira jaririyarta Ayashe ko Ajuji, kamar ba ta damu da ita ba, alhali zuciyarta a hannu take. Ga su Ladi da Talatu da Laraba da Jummai da Asabe, waɗanda ko takardar haihuwa ta ɓace sun san ranar da suka zo duniya. 'Yan'uwanmu Hausawa Kirista har yau suna ɗauko kalma daga bakin yau da kullum su mai da ita suna: Alheri, Godiya, Murna, Salama. Duk waɗannan wani ne ya fara kiransu wata rana. Sai dai kowannensu yana ɗauke da labari na gaskiya game da mai shi, labarin da duk Bahaushe zai karanta ba tare da ya tambayi kowa ba. Da kin ji an ce Ayashe kin san gidan an sha jana'izar jarirai.

Ta ƙofar alkunya ce sababbin sunaye suka fi shigo mana. An yi wa mahaifiyar miji takwara, an sa wa jaririya Hauwa'u ko Khadija, ke matar ɗa ba za ki iya buɗe baki ki kira sunan surukarki ba, shi ma maigidan ba zai kira sunan uwarsa gatsau ba. Dole a nemi laƙabi. Da can ba a wahala, akwai Ummi, Nana, Mama, Hajiya, Iya. Ko kuma a ɗauko inkiyar da ke tafe da sunan: Hauwa'u ta zama Kulu ko Jidda, A'isha ta zama Indo ko Humaira, Khadija ta zama Dije ko Kubra, Zainab ta zama Abu. Wanda ya ji Kulu ya san Hauwa'u ce, laƙabin yana nuna hanyar komawa ga sunan yanka. Yanzu kuwa laƙabin daga littafin soyayya ake tsinto shi, ko fim ɗin Indiya ko na Turkiyya, ko can cikin waya. Sannu a hankali shi ake kai wa makaranta, shi ake rubutawa a rajista, sunan da aka yanka rago dominsa ya koma sai tsofaffin gida ke tunawa da shi. A shekarun da na yi ina koyarwa na sha tambayar yarinya sunanta na yanka ta ce sai ta je gida ta tambayo. Kakar da aka so a girmama da takwara, a ƙarshe sunanta ne ya ɓace.

Game da sunan cikin fim, ga abin da ya faru da wasu iyayen a Amurka. Wani marubuci, George R. R. Martin, ya fitar da littafi a 1996, ya ƙago wata al'ummar mahaya dawaki, ya kira matar sarkinsu khaleesi. Sarauta ce ma, ba sunan mutum ba. Daga 2011 tashar HBO ta mai da labarin fim mai dogon zango, Game of Thrones, jarumar da ke riƙe da wannan sarauta ta shiga ran mutane saboda tana 'yanta bayi tana hukunta azzalumai. A 2018 kaɗai jarirai 560 aka sa wa Khaleesi a Amurka. A watan Mayun 2019, saura kashi ɗaya fim ɗin ya ƙare, sai jarumar ta hau dodonta mai aman wuta ta ƙone birni guda da mata da yaran cikinsa, bayan mutanen garin sun riga sun miƙa wuya. Iyaye sun yi wa 'ya'yansu takwara da mace tun marubuta ba su gama rubuta halinta ba. Sunan bai mutu ba, har yanzu ana sawa, amma waɗanda suka sa shi domin halin jarumar sun ga abin da ba su yi zato ba. Mu da muke sa wa 'ya'yanmu Khadija da Fatima da Maryam, sunayen waɗanda aka riga aka san farkonsu da ƙarshensu muke ɗauka.

Na kawo Khaleesi ne kuma don wani dalili. Ku furta shi ku ji. A kunnen Bahaushe ba shi da maraba da Khalisa, sunan Larabci na gaske mai nufin tsarkakakkiya, wadda babu gauraye a cikinta. Wannan shi ne tarkon da ya fi kama mu. Duk sunan da ya zo da "kh" ko "z", ko ya ƙare da "aa" mai ja, sai mu ce ai na Larabci ne, in na Larabci ne kuwa to na Musulunci ne. Ba kowane mai kama da Larabci ne Larabci ba, kuma Larabcin ma da shi ake zagi a kasuwannin Alƙahira. Har wanda aka ce miki yana cikin Alƙur'ani, ki tambaya a wace sura, kuma a kan me ake magana a wurin. Salsabil yana cikin Suratul Insan, Tasnim yana cikin Muɗaffifin, dukansu maɓuɓɓugai ne na Aljanna, wannan tabbas ne. Afnan yana cikin Suratur Rahman, rassan itatuwa ne. Amma Hawiya ma tana cikin Alƙur'ani, a ƙarshen Suratul Ƙari'a, ga daɗin faɗa kamar sunan amarya, alhali sunan Wuta ne. Fir'auna da Hamana da Ƙaruna duk suna ciki.

Rubutun boko yana ƙara dagula lamarin, domin yana haɗe haruffan da Larabci ya raba. Asiya matar Fir'auna, baiwar Allah muminar nan, da alifun da sinun ake rubuta sunanta. Akwai wata Asiyar da ainun da sadun, ma'anarta mai saɓo. Ita ce wadda ya tabbata a Sahihu Muslim cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya canza wa 'yar Sayyidina Umar, ya mai da ita Jamila. A boko duk Asiya ce. Idan sanannen suna irin wannan yana da tagwai mai mummunar ma'ana, ina ga wanda kika gani jiya da dare a waya, an rubuta shi da haruffan Turawa, ba ki san da wane harafin Larabci ya fara ba? Ki sa a rubuta miki shi da Larabci, ki kai wa malamin da ya san lugga, ba wanda zai ce "ai yana da kyau" don ya sallame ki ba. Akwai Lisanul Arab na Ibn Manzur, akwai Ƙamusul Muhiɗ na Fairuzabadi, suna nan a ɗakunan karatun malamanmu. In kalmar Larabci ce za a same ta ko a sami tushenta. In an duba babu, to ki san ƙirƙirarre ne.

In ƙirƙirarre ne kuma, ba shi ke nan an haramta ba. Malamai ba su ce dole suna ya kasance na Larabci ba. Ibrahim da Isma'il da Ishaƙ kansu masana nahawu suna lissafa su cikin sunayen da ba Larabawa suka ƙaga ba. Abin da ake gudu shi ne mummunar ma'ana, ko bautar wanin Allah, ko yabon kai da ya wuce kima. Idan kai da matarka kun zauna kun haɗa suna, ko da irin haɗin Swift ne, rabin nan da rabin can, kamar yadda kuke haɗa sunan ango da na amarya ku buga a jikin kofi da jaka ranar biki, ni ba zan tashi hankalina ba. Roƙona ɗaya ne: ku faɗi gaskiyarsa. In an tambaye ku ku ce mu muka haɗa shi, daga sunan kakarta ta wajen uwa da ta wajen uba, ko daga sunan garin da muka haɗu. Wannan amsa ta fi "wani kogi ne a Aljanna" daraja nesa ba kusa ba, domin wata rana yarinyar za ta zauna gaban malamin Larabci a jami'a ko a Islamiyya, ta faɗi ma'anar da kuka ba ta da alfahari, ya gaya mata a gaban ƙawayenta cewa babu wannan kogin. Jingina wa Aljanna abin da ba a ce yana cikinta ba kuwa, ku tambayi malamanku nauyinsa.

Hausawa sun ce suna linzami ne. Jaririya kuke gani yau, shi ya sa kuke neman suna mai laushi irin na 'yar tsana. Amma in Allah ya raya ta, da sunan nan za a ɗaura mata aure, da shi za a kira ta a asibiti ko a kotu in ta zama likita ko alƙaliya, da shi jikokinta za su yi mata addu'a. Ku gwada sa masa Hajiya a gaba, ku gwada Malama, ku gwada Gwaggo, ku ji ko ya zauna. Sannan ku kai shi bakin tsohuwar gidanku. In ta kasa furta shi, to ku sani ita za ta raɗa wa yarinyar wani, kuma nata ne zai bi ta. Haruffan "v" da "p" ba sa zama a bakin Bahaushe, sai sun koma "b" da "f". Ku ji yadda sunan zai kasance bayan ya koma, don da haka za a kira shi a layinku, kuma da haka yara za su tsokane ta in akwai abin tsokana.

Kada kuma a bar wannan bincike sai daren suna, an sayo goro da dabino, rago na ɗaure, wanzami ya yi alkawarin sammako, sannan uba ya hau latsa waya. Ba a fafe gora ranar tafiya. Wata tara Allah ya ba ku. Kuma ku yi shawara da juna. Uba ne ke yi wa jariri huɗuba, gaskiya ne, amma wadda za ta kira sunan nan sau hamsin kafin azahar tana da haƙƙin a ji ta bakinta.

Saura batun rubutu, wanda ku 'yan boko kuka fi mu sani amma kuka fi mu sakaci a kai. A'isha ɗaya ce, amma za ku ga Aisha, Aishatu, Ayeesha, Eesha, a Nijar kuma Aïchatou. Wannan tsohon suna ke nan da kowane magatakarda ya sani. Sabon suna kuwa, wanda babu wanda ya taɓa ganinsa, kowa yadda kunnensa ya ji zai rubuta, kamar yadda Nevaeh ta koma Neveah a hannun masu harshen kansu. Ku tsayar da rubutu ɗaya tun ranar suna, ku rubuta shi da hannunku ku miƙa wa mai cika takardar haihuwa, ku duba kafin ku bar wurin. Shi za a kai makaranta, shi za a sa a lambar NIN, wadda tun 2021 ba a rajistar JAMB sai da ita, shi zai hau fasfo da asusun banki. Harafi ɗaya in ya saɓa tsakanin takardu biyu, yarinyar ce za ta yi ta zirga-zirga bayan shekara goma sha takwas, lokacin ku kun manta wanda ya yi kuskuren.

Ke kuma da kike karanta wannan alhali irin sunan nan kike ɗauke da shi, ba abin kunya ba ne, kuma ba ki da laifi. Ki tambayi iyayenki tun suna raye wa ya zaɓa, a ina ya ji, me ya sa ya so shi. Abin da suka gaya miki shi ne asalin sunanki, ya fi duk abin da wani shafi zai rubuta. Ku da kuka riga kuka sa wa 'yarku suna sannan bincike ya nuna ma'anarsa ba ta da kyau, canzawa ba sai an sake yanka rago ba, a sanar da dangi a fara kiranta da sabon ya wadatar. Sai dai ku yi shi tun ba ta shiga aji ɗaya ba. Bayan ta rubuta WAEC da tsohon sunan, gyaran sai an yi rantsuwa a kotu, an buga sanarwa a jarida, sannan a bi ofisoshi ɗaya bayan ɗaya, kowanne da nasa layin.